Rigar da Aka Sa wa Kaka Setsu

Shagona na wanki da guga yana bayan kasuwar kifi ta Tokiura, kuma a nan Fumino ta tashi, cikin tururin dutsen guga da kayan mutane. Ita kaɗai muka haifa ni da matata Kinuyo. Ban yi karatu mai nisa ba, ina gama ƙaramar sakandare na shiga shago wajen mahaifina. Saboda haka ranar da ta ce za ta tafi Tokyo ta koyi aikin fim ɗin zane, ban san abin da zan faɗa mata ba, sai na tambaye ta ko ana cin abinci da wannan sana'a. Ta ce ana ci, amma ba sau uku ba. Ita ta yi dariya, ni ban yi ba.

Shekarunta na farko, aikinta cike giɓi ne. Wani babba zai zana mutum hannunsa a ƙasa, ya sake zana shi hannun a sama, ita kuma ta zana duk abin da ke tsakani, takarda bayan takarda, har hannun ya yi motsi. Ta rame sosai. Muka riƙa aika mata shinkafa da busasshen kifi, tana aiko mana da sunan fim da ranar da za a nuna shi. Kinuyo kan zauna dab da talabijin idan fim ya ƙare, tana bin jerin sunayen nan da suke wucewa da gudu, da yatsa a kan gilashin. Wani lokaci ta gani, wani lokaci ya wuce mata. Ni kuwa kullum tunanina ɗaya, ranar da za ta bugo ta ce ta gaji, ko asibiti ya bugo a madadinta. Sai ga shi sunan ya fara hawa sama a jerin. Ta koma mai tsara yadda kowane fage zai kasance, daga baya ta fara rubuta labari da kanta. A bara ne ta bugo ta ce an ba ta fim mai dogon zango, ita ce marubuciya, ita ce darakta, kuma a garinmu take son labarin ya faru.

Labarin wata yarinya ce da ta dawo garin kakanninta take koyon rawar bikin Bon, bikin tunawa da matattu. Fumino tana son sunan Tokiura na gaskiya, da rawarmu yadda muke yin ta, da kiɗanmu. Wannan kuwa sai da izinin kwamitin biki, kuma shugaban kwamitin Mikuni Isao ne, mai sayar wa jiragen kamun kifi ƙanƙara. Ajinmu ɗaya da shi tun firamare. Mahaifiyarsa, Kaka Setsu, ita take jan rawar tun kafin in yi aure. A hunturun da ya wuce ciwo ya kayar da ita, ta koma kan keken guragu, kowa ya san bana ba za ta shiga da'ira ba. Fumino ta roƙi a bar ta ta zana tsohuwar kamar yadda take a da, a gaban masu rawa, da tabon nan na gefen haɓarta da yadda take karkata kai. Kaka Setsu ta yarda nan take. Isao ne ya yi ta jan ƙafa, yana cewa mutanen Tokyo ba su san darajar komai ba, za su mayar da rawar kakanni abin wasan yara. Na je har wajen aikinsa na tsaya cikin sanyin nan na ce masa Fumino ba mutumiyar Tokyo ba ce, a ƙarƙashin teburin gugata ta koyi rarrafe, kuma ni na tsaya mata.

"To uban darakta," in ji shi, "ka tsaya mata da kyau."

Da fim ya fara fita, garin ya canza mini. Aka rataya tutoci masu hoton yarinyar fim ɗin a titin kasuwa. Matasa suka fara zuwa daga nesa suna ɗaukar hoton gadar tashar jiragen ruwa. Mai aski ya daina kirana Teru, sai dai Ranka-ya-daɗe, yana tambaya ko har yanzu ina karɓar wandon talakawa. Ina jin daɗi, amma hankalina bai taɓa kwanciya ba. Duk Asabar da yamma ake nuna sabon kashi.

Kashin da aka nuna rawar a ciki, kwamiti ya shirya a kalle shi tare a zauren ƙungiyar masunta. Aka kafa babban allo, mata suka kawo shayin sha'ir mai sanyi da kankana. Isao ya turo mahaifiyarsa har layin gaba, an gyara mata gashi, an shafa mata jan baki. Mu aka ba mu kujeru a bayanta. Da fagen ya zo, aka ji gangarmu, zauren ya ɗauki tafi. Fitilun takarda, dandamalin ganga a tsakiya, masu rawa suna zagaye shi ta hannun da muke zagayawa. Sai hoto ya matso kan Kaka Setsu, ga tabon, ga karkata kan, ta ɗaga hannu kamar yadda ta saba.

Ni na fara gani, ina jin, domin idona a kan tufafi yake sauka kafin fuska. Yukatar da ke jikinta, wato rigar gargajiya da muke sawa a biki, an ɗora gefen dama a kan na hagu. Na duba na bayanta, haka. Na duba yara, haka. Duk da'irar, manya da ƙanana, an yi musu shigar da gawa kaɗai ake yi wa. Kuma a bikin Bon, lokacin da matattu suke dawowa gida.

Tafin ya riƙa mutuwa daga gaba zuwa baya. Wata yarinya ƙarama ta tambayi uwarta da ƙarfi me ya sa Kaka ta sa riga irin ta Kakan da ya rasu, uwar ta toshe mata baki. Fagen ya yi tsawo, ko ni ne na ga tsawonsa. Ba wanda ya juyo ya kalle mu, kuma da sun kalle mu da ya fi mini sauƙi. Kaka Setsu ba ta motsa ba. Isao ya tashi tun kafin sunaye su fara wucewa, ya juya keken, ya tura ta waje. Da ya zo daidai inda nake, na miƙe na sunkuya, ya wuce kamar ba kowa a wurin.

Muna isa gida na kira Fumino. Ta riga ta sani, mutane sun cika waya da maganar. Muryarta a dushe take. Na ce ta gaya mini wane ne ya yi wannan aika-aika. Ta ce ita ce. Ta yi mini bayani a hankali, yadda ake yi wa wanda bai san aiki ba. Zanen rawar yana da yawa, sai suka aika wa wani kamfani a ƙetare, kamar yadda kowa yake yi. Mutanen can sun zana rigunan daidai. Amma tsarin da aka aika musu daga ofishinta ya sa masu rawa suna zagayawa ta hannun da ba namu ba. Ta gano haka ana gobe za a miƙa aikin, ba lokacin sake zane. Ta san Kaka Setsu za ta lura da hannun zagaye kafin kowa. Sai ta ce a juya hoton gaba ɗaya, kamar yadda mutum yake ganin kansa a madubi. Rawar ta daidaita, wuyan riguna ya juye, kuma idonta yana kan ƙafafu.

Na ce mata 'yar mai guga ce ita, ta fi kowa ninke yukata a garin nan. Ta ce ta sani. Sannan ta faɗi abin da ya hana ni cin abinci ranar. Idan kwamiti ya janye izinin suna da rawa, masu zuba kuɗi za su karɓe sauran fim ɗin daga hannunta su ba wani, kuma daraktan da aka karɓe wa fim ɗinsa na farko ba kasafai ake ba shi na biyu ba.

Washegari na buɗe shago, domin rashin buɗewa ya fi muni. Lokacin kawo yukata ne, biki ya matso, amma har rana ta yi sama mutum biyu kawai suka shigo, su ma suka ajiye kaya ba hira. An sauke tutocin titin kasuwa tun da safe. Wajen tsakar rana Isao ya shigo ba tare da kayan wanki ba. Ya tsaya yana kallon rigunan da ke rataye. Ya ce tsohuwa ta ƙi cin abinci, ta ce a juya mata madubin ɗakinta bango. Ya ce ranar Laraba kwamiti zai zauna a gidansa, kuma yana son ganin Fumino da idonsa. Na yi ta sunkuyawa ina ba da haƙuri har goshina ya kusa taɓa kanta.

Ya kai ƙofa, sai ya juyo.

"Teru, na ji an ce ƙetare ake kai zanen nan. Gaskiya ne?"

Na ce gaskiya ne.

"To ai shi ke nan. Wanda bai taɓa sa yukata ba ina zai san gefenta? Ni ma na ce, 'yar gidan nan ba za ta yi haka ba."

Da na yi shiru ma ya isa. Amma ban yi shiru ba. Na ji bakina yana cewa haka ne, mutanen can ne suka ɓata, kuma sun kawo aikin a makare har Fumino ba ta samu ta duba ba. Na ƙara da cewa ta kwana tana kuka. Wannan ma ban sani ba. Fuskar Isao ta saki. Ya ce mutum ba ya son ya riƙe abokin yarintarsa a zuciya, ya buga mini kafaɗa, ya fita.

Kafin yamma maganar ta zaga gari. Matar mai sayar da tofu, wato awara, ta kawo yukata huɗu, tana cewa abin tausayi, yarinya ta yi ƙoƙarinta baƙi sun zubar mata da mutunci. Mai aski ya leƙo ya ce dama shi bai taɓa yarda da kayan waje ba, ko almakashi. Kowa ya samu wanda zai zaga, kuma wanda ake zagin yana can nesa ba zai ji ba. Na karɓi kaya, na rubuta suna, na yi godiya. Kinuyo tana bayan labule tana jin komai. Da muka rufe shago ta tambaye ni ko na gaya wa Fumino abin da na faɗa. Na ce zan gaya mata. Ta ce, "Baban Fumi, ka ƙona wuyan rigar nan," ta karɓe dutsen guga daga hannuna.

Ban kira ba. Na ɗauki waya na ajiye ya fi a ƙirga. Ina tsoron ta ce a'a tun daga nesa, na ga gara in same ta ido da ido.

Ranar Laraba na tari Fumino a tasha. Ta sauko cikin baƙar kwat da ta yi mata yawa, ƙasan idonta ya yi baƙi. Tare da ita akwai wani mutum mai suna Nonomura, wanda yake riƙe da harkar kuɗi da yarjejeniyoyin fim ɗin, ɗan gajere mai yawan goge zufa. Yana rungume da kwalin alewar jan wake daga wani babban shago na Tokyo, an naɗe shi da takarda ba ado, irin wanda ake kaiwa gidan da aka yi wa laifi. A kan hanya, muna bin gefen ruwa, na gaya musu abin da garin ya ɗauka, da wanda ya sa suka ɗauka.

Nonomura ya tsaya cak. Ya ce lallai na taimaka ƙwarai. Ya ce ba wanda zai nemi darakta ta yi ƙarya, abin da ake bukata kawai ta ba da haƙuri a dunƙule, ta ce alhakin komai yana wuyan darakta, wanda dama haka ake faɗa, kada ta shiga bayani. Za a gyara fagen kafin a sake nuna shi, magana ta mutu. Fumino kuwa ni take kallo.

"Baba, na gaya maka yadda aka yi."

Na ce na sani. Na ce ta tuna shekarun da ta yi tana cin taliyar kwali a ɗakin da ba taga. Na ce mutanen can ba su san Tokiura ba, Tokiura ba ta san su ba, ba abin da zai same su. Na ce ta yi mini wannan ɗaya, ban taɓa roƙonta komai ba. Ina wannan magana a bakin titi, masu gyaran raga suna kallonmu. Ta ce mu je, kada mu makara.

An cire ƙofofin tsakiya na gidan Isao an haɗe ɗakuna biyu. 'Yan kwamiti suna zaune a jere a kan tabarma, duk mutanen da na sani tun ina yaro. An kawo Kaka Setsu an jingina ta da matasai a gefe, ba jan baki yau, ta ƙanƙance kamar yarinya. Muka durƙusa daga bakin ƙofa, muka ƙi hawa matasan zaman da aka ajiye mana. Nonomura ya yi dogon jawabi, ya sa goshi a tabarma, mu ma muka sa. Sannan ya tura kwalin gaba da hannu biyu, ya tsaya a tsakiya tsakaninmu da su.

Isao ya yi magana da sauƙi fiye da yadda na zata. Ya ce an ɓata wa gari rai, an ɓata wa mahaifiyarsa, amma sun ji yadda abin ya faru daga bakin Teru, kuma Teru ba ya ƙarya. Ya ce kwamiti ya yarda fim ya ci gaba da sunan Tokiura bisa sharaɗi biyu. A gyara fagen. Sannan a yanke hulɗa da kamfanin nan na ƙetare, a kuma sanar wa duniya cewa su ne suka yi kuskuren, don kada a ce mutanen Tokiura ba su san shigar rayayye da ta matacce ba. Nonomura ya ce wannan abu ne mai yiwuwa, zai yi magana da ofis. Na ji numfashina ya dawo. Har na fara tunanin abin da Kinuyo za ta dafa.

Fumino ta ɗago kai.

"Kawu Isao, ku gafarce ni. Mutanen can sun zana rigunan daidai. Ni na sa aka juya hoton, kuma ni na duba shi na ce ya yi."

Nonomura ya yi wani ɗan tari. Ba ta kula shi ba. Ta faɗi komai kamar yadda ta faɗa mini, hannun zagaye, ƙurewar lokaci, madubi. Ta ce a kamfanin can akwai wata mata da ta aiko da tambaya har sau biyu a kan yadda ake ɗaura ɗamarar tsofaffi, don kada ta yi kuskure, kuma ba za ta iya sa hannu a takardar da za ta raba matar nan da aikinta ba. Ba ta ambaci sunana ba ko sau ɗaya.

Ba ta bukatar ambata. Isao ya juyo gare ni a hankali.

"Teru, ka san haka ranar da na zo shagonka?"

Na ce na sani. Idona yana kan saƙar tabarma, ina ganin wani ɗan zare da ya fita daga gefenta. Wani daga cikin 'yan kwamiti ya ja tsaki a hankali. Shekara hamsin da wani abu ina garin nan, ban taɓa riƙe wa mutum ko maɓalli ba, ga shi ina durƙushe gaban mutanen da nake wanke wa kaya, 'yata tana gefena, ta fi ni tsayuwa a kan gwiwa.

Sai Kaka Setsu ta yi magana. Muryarta ƙarama, sai da kowa ya karkata.

"Fumi-chan, matso in gan ki."

Fumino ta ja gwiwa ta matsa. Tsohuwar ta daɗe tana kallonta. Ta ce hannun zagayen daidai ne, ƙafafun ma daidai, ba ta taɓa zaton za a iya zana takunta haka ba. Sannan ta ce, "Tun hunturu likita yake kewaye-kewaye, ya kasa gaya mini cewa kwanana ya kusa ƙarewa. Isao ma ya kasa. Ke kin gaya mini a gaban gari duka."

Fumino ta sa goshi a ƙasa, kafaɗunta suna rawa. Kaka Setsu ta ce ta san ba da gangan ba ne, kuma ba ta riƙe ta ba. Amma ta ce a cire fuskarta daga fim ɗin, gyararre ko ba gyararre ba, ba ta son jikokinta su riƙa tuna ta a cikinsa. Sai ta ce ta gaji, a mayar da ita ɗaki.

Da aka fita da ita, 'yan kwamiti ba su ma nemi mu ba su wuri ba. Isao ya dube su ɗaya bayan ɗaya, kowa ya sunkuyar da kai. Ya ce da a ranar farko aka zo masa da gaskiya, da wataƙila ya san yadda zai yi da mutane. Yanzu ya riga ya bi gida-gida yana wanke Fumino da maganar da ba ta da tushe, ya sa mahaifiyarsa ma ta ji ta. Ya ce Tokiura ta janye sunanta da rawarta da kiɗanta. Ya sa yatsu biyu a kan kwalin alewar, ya turo shi a kan tabarma har ya taɓa gwiwata. Ba gwiwar Nonomura ba, tawa.

Ni na ɗauko shi. A waje Nonomura ya koma gefe yana magana a waya, yana sunkuya wa wanda ba ya ganinsa. Da ya gama ya zo ya gaya wa Fumino, cikin ladabi sosai, cewa daga kashi na gaba wani ne zai riƙe fim ɗin, za a canza sunan garin, labarin da ta rubuta kuma za a ci gaba da amfani da shi. Ya ce ta huta kwana biyu. Na miƙa masa kwalin, ya ɗaga hannu ya ce ba zai iya komawa ofis da shi ba. Ya kama hanyar tasha shi kaɗai.

Muka bi ta titin kasuwa, domin ba wata hanyar zuwa gida. Duk wanda ya ga kwalin a hannuna ya san yadda zaman ya ƙare. Mai aski yana tsaye a ƙofarsa, ya shige ciki. Na so in riƙe kwalin ta gefen da ba jama'a, amma ta ko'ina akwai jama'a.

Sai da muka wuce gada na iya magana. Na ce da ban buɗe baki ba ranar nan, da yanzu fim ɗinta yana hannunta. Ta ce ba ta sani ba, wataƙila, wataƙila kuma a'a, ita ce ta juya hoton ba ni ba. Na tambaye ta me ya sa ba ta yi shiru ba, tunda an riga an buɗe mata ƙofa. Ta yi tafiya kaɗan kafin ta amsa.

"Na so in yi shiru, Baba. Har Kawu ya gama sharaɗi na farko ina kan yin shiru."

Na ce yanzu me za ta yi. Ta ce akwai wanda ya taɓa nemanta ta tsara masa fage a wani fim na yara, za ta kira shi ta ji ko har yanzu yana so. Ta ce aikin zama ne da fensir, ta iya shi. Ta faɗi haka tana kallon ruwa. Na so in ce ta yafe mini, amma sai na ce kwat ɗin nan ta yi mata yawa a kafaɗa, ta bari uwarta ta rage mata. Ta ce ta aro ce.

Kinuyo ta gan mu daga taga. Ta dubi kwalin, ta dube ni. Ta karɓi kwat ɗin Fumino ta rataye, ta ɗora ruwan shayi. Na ajiye kwalin a bakin ƙofa wajen takalma, ina tunanin inda zan kai shi da ba wanda zai gani. Ta zo ta ɗauke shi, ta kai kicin, ta warware takardar a hankali ta ninke. Na ce ba a cin irin wannan. Ta ce an biya kuɗinsa, kuma yarinyar nan ba ta sa komai a cikinta ba tun safe.

Ta yanka uku, ta sa a ƙananan faranti. Fumino ta cinye nata a tsaye, ta miƙa hannu ta yanki wani. Ni na zauna da nawa a gabana. Ƙararrawar ƙofar shago ta yi ƙara, wani ya shigo, ko ya kawo kaya ko ya zo karɓe nasa. Kinuyo ta yunƙura za ta tashi, na ce ta zauna. Na goge hannuna, na ɗaga labule na fita.